Ɗan Kasawa da Jangorzo, ku leƙa shagunan PlayStation

Duk wanda ya ratsa Jiratawa ko Tibiri da yamma ya san inda samari suke taruwa idan akwai wuta: shagon PlayStation, kowa da 'yan kuɗinsa a hannu yana jiran layi. Wannan ya ɗauki Real Madrid, wancan Barcelona. Tambaye su sunan mai tsaron gidan Ɗan Kasawa ko Jangorzo, ƙungiyoyin Maraɗi, ka ji shiru.

Ƙungiyoyin Turai sun daɗe da gano wannan kasuwa. A 2016 PSG ta Faransa ta buɗe sashen wasannin bidiyo, tana biyan matasa albashi su buga da sunanta. Schalke 04 ta Jamus ma ta shiga gasar League of Legends a shekarar, amma da bashi ya shaƙe ta a 2021 sai ta sayar da gurbinta a kan Yuro miliyan 26.5.

Ban ce ƙungiyoyinmu su ɗauki 'yan wasa da albashi ba. Masu gudu a fili ma da ƙyar ake sallamarsu. Amma mene ne wahalar shirya gasa? Talabijin biyu, janareto saboda NIGELEC, rigar ƙungiya ga zakara. A fara daga Jiratawa, a bi ta Tibiri, a buga wasan ƙarshe a filin wasa na Maraɗi kafin a take leda. Yaron da ya zo kallon abokinsa zai zauna ya ga wasan ƙungiyar garinsu.

Iyaye za su ce ɓata lokaci ne, kuma suna da hujja. To, a sa gasar cikin hutun makaranta.