Ɗorawar Gonarki Ta Fi Daminki Na Itace

Yau maganarmu a kan itatuwa take, kada kuma wata ta ce ai wannan sha'anin maza ne. Leƙa tukunyarki tukuna. Daddawar da kika jefa a miya daga kalwar ɗorawa take. Miyar kuka ganyen kuka ce. Kunun tsamiya, man kaɗe, har makubar da ake yi wa daɓe, duk bishiya ce ta ba ki.

Ƙasar Karaye da Rogo Allah ya albarkace ta da irin waɗannan itatuwa a tsakiyar gonaki: ɗorawa, kaɗanya, kanya, tsamiya, marke da gawo. Kakanninmu ba don lalaci suka bar su a tsaye ba. Dubi gawo. Shi da damina yake kaɗe ganyensa, saboda haka ba ya tare wa dawa rana, ganyen ya zama taki, da rani kuma ya yi kore awaki su ci 'ya'yansa. A kan itatuwan nan ake ɗora amya a sami zuma, a cikin sarƙaƙiyarsu fakara da zomo ke fakewa.

To, amma ga gatari ya shigo, ga masu ƙona gawayi. Wa ke saye? Mu ne. Kaɗanya kan kai shekara 15 kafin ta fara 'ya'ya, a sare ta da hantsi ɗaya, ta ƙare a murhu cikin 'yan kwanaki. Haba jama'a! Inda aka share itatuwa kuwa, ruwan sama na kwashe ƙasar noma ya zuba a kogin Challawa, yashi ya riƙa taruwa a madatsar ruwan da aka gama a 1992, wadda masu noman rani da masunta suka dogara da ita.

Na san wata za ta ce, "To da me zan dafa tuwo?" Gaskiyarki. Ba wanda ya ce a kwana da yunwa. Abin da nake cewa shi ne a yi sassabe da hankali. Mutanen Maraɗi a Jamhuriyar Nijar sun ga fari irin na 1973 da na 1984, ƙasarsu ta fi tamu bushewa. Daga shekarun 1980 manomansu suka daina tone kututture. In ya yi toho sai su zaɓi reshe biyu ko uku masu ƙarfi su bari, su sassabe sauran a kai gida a yi girki. Da haka miliyoyin itatuwa suka dawo gonakinsu, matansu kuma suka rage doguwar tafiya neman itace.

Saboda haka uwargida, lokacin sharar gona ki roƙi maigida cikin ladabi ya bar tohon da ya tarar. Mai itace ya kawo miki ɗanyar ɗorawa ko kaɗanya, ki ce ba ki so. Ki kewaye murhunki da laka don kada iska ta cinye wuta, ki rufe tukunya.

Ku kuma 'yan makaranta, ku zauna da kakanninku su koya muku sunan kowace bishiya da amfaninta, kowace ta dasa ko da guda ɗaya a bana, ta kare ta daga akuya. Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Allah ya sa mu gane, amin.