Daga Majalisar Italiya Zuwa Kasuwar Nima: Wa Ke Cin Ribar Finafinan Batsa?

Kwanan baya ina gabatar da shirinmu na dare a gidan rediyo sai wani bawan Allah da ke fataucin atamfa tsakanin Aflao da Ankara ya bugo waya, ya ce gardama ta kaure a fadarsu ta shan ataya a Maamobi: wai da gaske ne an taɓa zaɓen 'yar fim ɗin batsa ta zama 'yar majalisa a ƙasar Turawa? Na ce masa gaskiya ne, sai ya yi salati ya kashe waya. Amsar da na ba shi ta yi gajarta, shi ya sa na ga ya dace in ƙarasa ta a wannan fili, domin ƙarshen labarin a gabanmu yake, a teburin mai sayar da waya.

Sunan matar Ilona Staller, amma duniya ta fi saninta da Cicciolina. An haife ta a birnin Budapest na ƙasar Hangari a 1951, lokacin mulkin gurguzu. Ta yi aure ta koma Italiya, inda ta haɗu da wani mai ɗaukar hoto, Riccardo Schicchi, wanda ya zama ubangidanta a harkar. Abin da ya fi ba ni kunya shi ne da sana'ata ta fara yin suna, wato wani shirin dare na maganganun batsa a gidan rediyon da ake kira Radio Luna. Daga nan sai hotunan tsiraici, sai kuma finafinan kansu.

A 1987 jam'iyyar Partito Radicale ta Marco Pannella ta tsayar da ita takara, ta samu ƙuri'a kimanin 20,000, ta shiga majalisar wakilan Italiya, ta zauna har 1992. A 1991 ta auri Jeff Koons, wani mai zane ɗan Amurka, suka haifi ɗa namiji a 1992, auren ya mutu, suka shafe shekaru suna shari'a a kan yaron tsakanin Amurka da Italiya. Da ta cika shekara 60 a 2011 aka fara biyanta fanshon majalisa, kimanin Yuro 3,000 a wata, Italiyawa da yawa suka yi ta gunaguni.

To, mai karatu, dubi wannan mata da kyau. Da ƙafarta ta je, ta sa hannu a takarda, an biya ta, tana da lauyoyi, har kujerar majalisa ta hau. Amma duk da haka, a duk lokacin da jarida ta ambace ta, da tsohuwar sana'arta ake fara gabatar da ita kafin a tuna da majalisa. Idan wadda ke da kuɗi da lauya ta kasa wanke sunanta, ina ga 'yar talaka ta zango da aka ɗauka ba ta san inda hoton zai ƙare ba?

Mun ga irin wannan a gida. A watan Agustan 2007 wani ɗan gajeren bidiyo na wata 'yar wasan Hausa ta Kano ya ɓulla. Ba zan kama sunanta ba, abin da ta sha ya isa. Ba fim ne na sayarwa ba, namijin da take tare da shi ne ya ɗauka da wayarsa. Cikin 'yan kwanaki ya zagaye gari daga waya zuwa waya ta bulutut, ya tsallake iyaka, har mu nan zango muka ga matasa suna cincirindo a kan waya ɗaya. Gwamnatin Malam Ibrahim Shekarau ta naɗa Abubakar Rabo Abdulkarim shugaban Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano, aka dakatar da ɗaukar fim na tsawon wata shida, aka kori wasu 'yan wasa, daga baya har aka ɗaure wasu. Ita kuwa yarinyar sai da ta ɓuya don tsira da ranta.

Tambayata ita ce, a cikin dubban mutanen da suka tura wannan bidiyo, da waɗanda suka buga shi a faifai suka sayar, mutum nawa aka kira gaban hukuma? Mutum nawa liman ya ƙi yi wa gaisuwa? Da yawa daga cikin masu tsine mata da rana su ne masu roƙon a tura musu da dare. Laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani.

Na san wani zai ce ai ita ta yarda aka ɗauke ta, ita ta jawo wa kanta. Ban ce ba ta yi kuskure ba, kuma ban zo wanke kowa ba. Amma idan ɓera da sata, daddawa ma da wari. Kuskurenta a ɗaki ɗaya ya faru, tsakanin mutum biyu. Wanda ya fitar da shi kasuwa, ya sa masa farashi, shi ya mayar da zunubin mutum biyu ya zama na gari guda. Addininmu da al'adarmu duk sun yi umarni da rufin asiri, ban kuma taɓa jin malamin da ya halatta cinikin tsiraicin 'yar wani ba.

A nan ne maganar ta iso kanku, 'yan uwana 'yan kasuwa. Wannan kaya ba ya tafiya da ƙafarsa. A shekarun 2000 faifan CD ne ake ɓoyewa a ƙarƙashin finafinan Indiya da na Kano. Daga baya sai memori, inda yaro zai zauna da kwamfuta a bakin tasha yana loda wa mutane waƙa da wa'azi, wanda ya raɗa masa a kunne kuma ya ƙara masa da na ɓoye. Yanzu an koma WhatsApp da Telegram. Zauren da aka buɗe don sanin canjin sidi da sefa da naira, ko labarin hanya tsakanin Paga da Elubo, sai ka wayi gari wani ya jefa bidiyon 'yar mutane, dattawa hamsin na ciki, babu wanda ya ce uffan. Akwai kuma masu gyaran waya marasa tsoron Allah da ke kwashe hotunan mata idan an kawo musu gyara.

Wanda bai ji tsoron Allah ba, to ya ji na hukuma. Dokar Tsaron Intanet ta Gana ta 2020, mai lamba 1038, ta tanadi ɗaurin shekara 1 zuwa 3 ga duk wanda ya yaɗa hoton tsiraicin wani ba da yardarsa ba, wanda kuwa ya yi amfani da hoton ya tsoratar da mace don ta ba shi kanta, hukuncinsa shekara 10 zuwa 25 ne. Ana kai ƙara ta lamba 292 ta Hukumar Tsaron Intanet, ko ofishin DOVVSU na 'yan sanda. Faɗin cewa turo mini aka yi ni ma na tura ba zai fisshe ka gaban alƙali ba.

Shawarata uku ce. Shugabannin kasuwa, daga kasuwar Laraba ta Nima har zuwa bakin iyaka, su kafa doka cewa duk wanda aka kama yana loda irin wannan kaya ya rasa teburinsa. Masu riƙe da zaurukan WhatsApp su fitar da duk wanda ya tura, ko da Alhaji ne mai kanti uku. Iyaye kuma, idan tsautsayi ya faɗa wa 'yarku, kada ku kore ta ta shiga duniya, ku riƙe hannunta ku kai ƙarar wanda ya tona mata asiri.

Ilona Staller ta samu fansho daga majalisa. 'Yar zango da aka yaɗa hotonta ba abin da take samu sai fasa aure da zunɗe a bakin famfo, ribar kuma tana aljihun wanda ya loda. Kafin ka danna turawa, Alhaji, ka tuna kai ma kana da 'ya a gida, kuma wayar da ke hannunta kai ka sayo mata.

Allah Ya rufa mana asiri duniya da lahira, Ya shirya mana zuri'a.