Fim ɗin Amina Weira da tambayar da Arlit ke jira

Tun da gwamnati ta maida kamfanin Somaïr mallakar ƙasa a watan Yunin 2025, maganar uranium a Yamai ta koma ta kuɗi da 'yancin kai: wa zai saya, nawa za a samu. Ba a cika jin maganar ƙurar da mutanen Arlit ke shaƙa ba. Wata 'yar Nijar kuwa ta riga ta ɗauki wannan ƙura da kyamara.

A 2016 ne Amina Weira ta fitar da La Colère dans le vent, wato fushi cikin iska. Ta yi karatun sana'ar a Yamai da Saint-Louis ta Senegal, sannan ta koma garin da ta tashi. Ba ta nemi ƙwararre daga Turai ya yi mata bayani ba. Mahaifinta ta zaunar, wanda ya yi shekara 35 yana aiki a mahaƙar, shi da tsoffin abokan aikinsa, suka riƙa ba da labarin abin da suka gani da cututtukan da suka biyo bayan ritaya. Nan ƙarfin fim ɗin yake. Rahoto ana iya jefa shi cikin durowa a manta, amma dattijon da ke yi wa 'yarsa magana da wuya a ce masa ƙarya yake.

Ba ita ta fara ba. Idrissou Mora-Kpai ɗan Benin ya yi fim kan Arlit a 2005. Ƙungiyar Aghir In'Man ta Almoustapha Alhacen da cibiyar CRIIRAD ta Faransa sun daɗe suna kokawa kan ƙarafan mahaƙa masu guba da ke ƙarewa a kasuwa, maƙera su maida su kayan gida. Cominak ta rufe a watan Maris na 2021, ta bar tarin sharar da CRIIRAD ta ƙiyasta kusan tan miliyan 20.

A da, laifin duka na Areva ne, wadda ta koma Orano, kuma nuna yatsa ga baƙo ba ya da wuya. Orano na da bashin gyara a kanta, kada a yafe mata. Sai dai mahaƙar Somaïr yanzu a hannun ƙasa take, iskar da ke kwasar ƙura kuma ba ta tambayar wa ke da hannun jari.

Saboda haka ya kamata Télé Sahel ta riƙa nuna irin waɗannan finafinai da Hausa da Tamajak da Zabarmanci, a kai su makarantun jihar Agadas. Ma'aikatar al'adu kuma ta ware kuɗi ga matasan da ke son ɗaukar hoton rijiyoyin Akokan da haƙar zinari a Djado, ba tare da ta fara tambayar abin da fim ɗin zai faɗa ba.