Farfesu Ba Ya Wanke Giyar Jiya

Akwai wata ƙarya da ake dafawa da asuba a ƙasashe da yawa, a zuba ta a kwano da zafinta, a miƙa wa wanda ya kwana yana shan giya. Ƙaryar ita ce wai akwai karin kumallon da zai wanke masa abin da ya ɗura wa cikinsa jiya. Kowace al'umma da irin kwanonta. A Koriya ta Kudu suna da wata miya, haejangguk, wadda sunanta ma yake nufin miyar warware maye. Ana yin ta da romon ƙashin sa da ganyen kabeji, wani lokaci har da daskararren jini. A Meziko farfesun tumbi ne mai barkono, suna ce masa menudo. Turkawa ma tumbin ne, da tafarnuwa da lemon tsami. A Armeniya ƙafar saniya ake kwana ana dafawa. Mutumin Rasha ruwan gishirin da aka jiƙa kokwamba a ciki yake kwankwaɗa, Bature ɗan Ingila kuwa ya soya ƙwai da nama mai maiƙo ya haɗa da wake da shayi. A nan Najeriya ba sai an faɗa ba: farfesun kayan ciki ne, a cika masa yaji da masoro da kimba har gumi ya karyo, a ce ai giyar ce take fita.

Mai karatu zai lura tumbi da ƙafar saniya sun cika jerin. A ganinmu babu wani asiri a ciki. Nama ne mai arha da ke buƙatar doguwar dahuwa, tukunyar da aka ɗora da dare sai asuba take nuna, a lokacin kuwa waɗanda suke ido biyu su ne leburori da ’yan kasuwa da mashaya. Yunwa ce ta haɗa su a kan kwano ɗaya, daga baya aka ƙaga wa kwanon labarin magani.

Mun san za a ce ina ruwanmu da wannan magana, mu da giya haramun ce a wajen mafi yawanmu. Haramcin yana nan, ba mu zo musu a kansa ba. Amma a 2020 kaɗai Hukumar Hisbah ta Kano ta farfasa kwalaben giya kusan miliyan 2 a zama guda, kuma babu ɗan kasuwar da zai yi lodin wannan kaya zuwa garin da ba shi da masu saye. Ba duk wanda ke zaune a mashayar Sabon Gari ba ne baƙo. Harshenmu ma ya ba da shaida: giya, barasa, burukutu, bammi, ya yi tatul, ya yi mankas. Abin da muka yi wa rowar kalma shi ne safiyar da ke biyo baya. Iyakarmu mu ce giyar jiya ce ba ta sake shi ba, mu kawar da kai. Littattafanmu na hikaya haka suke: mashayi ya shigo yana tangaɗi, ya zagi kowa, babi ya ƙare. Ba kasafai marubuci yake tsayawa har gari ya waye ya nuna mana wadda ta tashi ta wanke aman, ta dama koko, ta ce wa yara babansu zazzaɓi yake yi ba. Tun da mun ƙi yin maganar a fili, sai ta koma hannun abokin shaye-shaye da yaron kemis, su ne likitocin wannan safiya. Abin da suke koyarwa kuwa yana kashe mutane.

Bari mu duba abin da ke faruwa a jiki. Hanta ce take sarrafa kusan duk barasar da aka sha, kuma tana da iyakar gudunta: kimanin giram 7 zuwa 10 a awa ɗaya ga babban mutum. Babbar kwalbar giya ta santilita 60 mai ƙarfin kashi 5 cikin 100 tana ɗauke da barasa kusan giram 24, aikin awa 3 ke nan. Wanda ya sha huɗu ya ɗora wa hantarsa aikin da zai kai awa 12. In ya tashi daga mashaya ƙarfe 1 na dare, to ƙarfe 7 na safe da sauran barasa a jininsa, ko ya shanye tukunyar farfesu. Barkono yana sa gumi, gaskiya ne, amma abin da ke fita ta gumi da numfashi da fitsari ɗan kaɗan ne ƙwarai. Sauran sai hanta ta bi shi a hankali, ta fara mayar da shi wani sinadari mai dafi, asetaldehaid, kafin ta mayar da wannan abin da ba ya cutarwa. A hanya kuma barasar ta danne sinadarin da ke umartar ƙoda ta riƙe ruwa, shi ya sa yawan fitsari da bushewar maƙogwaro. Ta ƙwaƙule fatar ciki, shi ya sa tashin zuciya. Ta hana hanta sakin sukari cikin jini yadda ya kamata, shi ya sa kasala da jiri. Ta ɓata barci, mutum ya kwanta awa 7 ya tashi kamar bai runtsa ba.

Masu bincike sun nemi maganin nan ba su samu ba. A 2005 mujallar likitoci ta Birtaniya, BMJ, ta buga nazarin da ya tattara gwaje-gwajen da aka yi a kan magungunan wannan laulayi, ya ƙare da cewa babu gamsasshiyar hujjar da ta nuna ɗayansu yana aiki. Bayan shekara 16 masana a King's College da ke Landan suka sake tattara gwaje-gwaje 21, suka tarar hujjojin duka masu rauni ne sosai. Duk da haka kasuwar tana ci. A Koriya kwalaben “maganin maye” sun cika kantuna, har sai da hukumar abinci da magunguna ta ƙasar ta wajabta, daga farkon 2025, cewa duk mai son rubuta wannan da'awa a jikin kayansa ya kawo sakamakon gwaji a kan mutane. Mu a nan mai tallar jiƙo a tasha ba ya buƙatar komai sai lasifika.

Kada a ce mun yi wa abinci butulci. Koko mai ɗumi, kunun tsamiya, fura da nono, romo marar yaji da yawa, ayaba, burodi da shayi: duk suna mayar wa jiki ruwa da gishiri da sukarin da ya rasa, mutum ya ɗan ji dama. Ruwan gishiri da sukari da ake ba yara masu gudawa ya fi yawancinsu amfani, lita 1 ta ruwa mai tsabta, ƙaramin cokali 6 na sukari, rabin ƙaramin cokali na gishiri. Sauƙi ne wannan, ba waraka ba. Ihu ne bayan hari. Yajin da ake alfahari da shi kuwa, a kan cikin da barasa ta riga ta ƙwaƙule, ƙari ne a kan ciwo.

Da a kwano abin ya tsaya da ba mu ɓata wa kowa lokaci ba. Matsalar ita ce wanda ya yarda akwai magani ba ya tsayawa a farfesu. Kansa na sarawa, sai ya aika kemis. Farasitamol hanta ce take sarrafa shi, ita ɗin dai da ke fama da aikin jiya, kuma iyakarsa ga babba mai lafiya ƙwaya 8 ce ta miligiram 500 a yini guda, a rarrabe. Ga wanda ya saba sha kullum, ba ya cin abinci sosai, haɗarin yana farawa ƙasa da haka. Mutuminmu zai watsa uku lokaci ɗaya, ya ƙara da maganin mura wanda shi ma akwai farasitamol a cikinsa bai sani ba. A tuna kuma binciken ƙasa na 2018 ya nuna kusan mutum 8 cikin 100 na manyan Najeriya suna ɗauke da ciwon hanta nau'in B, da yawansu ba su taɓa yin gwaji ba. In ya guje wa farasitamol ya koma asfirin ko ibufurofen ko daikulofenak, an yi gudun gara an faɗa gidan zago, domin su ciki suke ci har ya kai ga aman jini. Wanda ya haɗa da tiramadol don “ya ji ƙarfi” kuwa yana wasa ne da farfaɗiya da tsayawar numfashi.

Sai shayi mai kauri da kofi da lemon gwangwanin ƙarin kuzari. Waɗannan ido suke buɗewa, ba sa rage ko ɗigon barasa a jini. Abin da suke samarwa shi ne bugagge marar jin barci, wanda ya yi wanka ya sa turare, ya tabbata a ransa ya warware, ya ɗauki makullin mota. In direban haya ne, mutum 18 da suka biya kuɗin Kaduna zuwa Kano sun shiga lissafin da ba a yi da su ba. Wannan kaɗai ya isa ya sa wanda bai taɓa ɗanɗana giya ba ya san maganar ta shafe shi.

Akwai kuma masu cewa maganin giyar jiya ’yar kaɗan ce da safe. Tana kwantar da jiki na ɗan lokaci, shi ya sa aka yarda da ita, amma ɗage biyan bashi ne kawai. Mutumin da hannunsa ke rawa da safe, gumi na zuba, gabansa na faɗuwa, bai dawo daidai sai ya kurɓa, ya wuce batun laulayin kwana ɗaya. Jikinsa ya kamu. Irinsa in ya yanke sha farat ɗaya, cikin kwana 2 zuwa 3 zai iya shiga jijjiga da gane-gane da ruɗewa, har a rasa shi. Dangi sukan kulle shi a ɗaki ko su ce aljanu ne, alhali aikin likita ne, kuma akwai inda ake yinsa: asibitocin ƙwaƙwalwa na tarayya a Kaduna da Kware da Maiduguri, da na Dawanau a Kano.

Mafi muni shi ne ranar da abin da aka ɗauka giyar jiya ce ya zama guba. A watan Afrilun 2015 mutane suka yi ta mutuwa a Ode-Irele ta Jihar Ondo, aka yi ta camfe-camfe, daga baya aka gano metanol ne a cikin ogogoron da suka sha. Watanni biyu bayan nan gommai suka mutu a Jihar Ribas ta wannan hanya. Metanol ba ya nuna kansa nan take. Yakan ɗauki awa 12 zuwa 24, ya zo da ciwon kai da amai da ciwon ciki, daidai lokacin da kowa yake cewa a ba shi romo ya kwanta. Abin da ya bambanta shi shi ne ido: gani ya yi dishi-dishi kamar hazo ya sauka, numfashi ya yi sauri. Madara ba ta karya shi, manja ba ya karya shi, duk awar da aka ɓata wajen ɗura su kuwa daga idon mutum ake cire ta, ko daga ransa. Duk inda ake sayar da barasar da ba a san wanda ya dafa ta ba, a leda ko a jarka, wannan haɗari yana nan.

Saboda haka ga uwa ko mata ko ƙanin da wannan safiya ta faɗo wa a ka: in yana magana daidai, a ba shi ruwa da koko, a ɓoye makullin mota, a bar shi ya yi barci. In an tashe shi ya ƙi tashi, kada a ɗura masa komai a baki, zai iya shaƙewa. A kwantar da shi a gefensa, a nemi abin hawa. In ya ce ba ya gani sosai, ko ya yi aman jini, ko jijjiga, ko idonsa ya yi rawaya, asibiti ne nan take. A can kuma kada kunya ta sa a ce wa likita maleriya ce. A faɗa masa abin da aka sha, da yawansa, da ƙarfe nawa, da ƙwayoyin da aka haɗiya a kai, in kwalbar ko ledar tana nan a tafi da ita.