Askirim ɗin Italiya: mu ɗauki dabarar, mu bar musu kwalbar

Ranar wata kasuwar Kambole da ta wuce, bayan mun tashi daga shirinmu na safe a gidan rediyo, wani Alhaji daga cikin masu ɗauko kaya daga Lome ya tare mu a bakin rumfarsa, ya ce akwai abin da yake so mu karanta masa. Ya jawo wata kwalba daga ƙarƙashin tebur, ruwan cikinta ja-ja kamar zuma, ya ce wata Hajiya mai sayar da ƙanƙara ce ta ba shi sautu. Ta rubuta masa sunan a takarda, shi kuma ya miƙa takardar a wani babban kanti aka ba shi. Abin da ya sa masa shakka shi ne yadda yaron kantin ya dubi hularsa da carbinsa sannan ya yi murmushi. Muka juya kwalbar, sai ga shi an rubuta "amaretto", daga ƙasa kuma "28% vol". Muka ce, Alhaji, ai giya ka ɗauko. Salatin da ya yi sai da maƙwabtan rumfa suka leƙo.

Ita ma Hajiyar ba ta san abin da ta yi sautu ba. 'Yarta ce ta ga ana haɗa wani askirim na Italiya da kwakwa a cikin waya, ta ga babu inji, babu wahala, ta rubuto kayan haɗin kaf, suka yi niyyar gwadawa don su ƙara a kan ƙanƙarar zoɓo da ta tsamiya da suke ɗaurawa a leda. A zatonsu amaretto ruwan ƙamshi ne irin na banila da ake sa wa kek. Da yaron kanti bai yi murmushi ba, da an zuba shi a madara an daskarar, an ba 'yan makarantar allo sun sha.

Wannan shi ya sa muka ga ya dace mu yi magana da 'yan'uwanmu 'yan kasuwa, daga Kambole da Tchamba zuwa zangon Sokode, har Dapaong da Cinkasse, domin ta hannunmu kayan nan suke shigowa gari.

Da farko bari mu faɗi mene ne wannan abinci. Mutanen Italiya suna kiran sa "semifreddo", ma'ana mai rabin sanyi. Kirim ne, wato man nan da ke tasowa a saman madarar shanu, ake bugawa har ya kumbura ya cika da iska, a buga ƙwai da sukari daban, sannan a haɗe su a hankali, a zuba abin ƙamshi da gasasshiyar kwakwa, a juye a kwano a sa a firiza kamar awa 6 ko a bar shi ya kwana. Akwai ɗan'uwansa da ake kira "tortoni", wanda ya samo suna daga wani shagon shan kofi na wani mutumin Italiya da ya yi tashe a birnin Paris a ƙarni na 19. Shi kuwa amaretto giya ce mai zaƙi da ta shahara daga garin Saronno da ke kusa da Milan, mai ƙamshin almon, wani ɗan itace mai kama da gyaɗa. Wadda ta fi suna a duniya ita ce Disaronno, kuma kashi 28 cikin 100 na ruwanta barasa ce. Giyar kwalba da ake sayarwa a mashaya ba ta cika wuce kashi 5 ko 6 ba. Ka ga ke nan abin da ke cikin kwalbar Alhaji ya fi burkutu ƙarfi nesa ba kusa ba.

Mun ji masu cewa ai cokali uku ne ko huɗu a cikin kwano guda, kuma sanyi zai kashe ta. A nan ne kuskuren yake. Sanyi ba ya kashe barasa, hasali ma don ba ta daskarewa ne ake zuba ta. Ruwa yana zama ƙanƙara a digiri 0, firiza mai lafiya tana kai wa digiri 18 ƙasa da sifiri, ita kuwa barasa zalla sai sanyi ya kai wajen digiri 114 ƙasa da sifiri kafin ta daskare. Saboda haka aikinta biyu ne a cikin askirim: ta ba da ƙamshi, ta kuma hana shi yin tauri kamar dutse. Duk cokalin da aka zuba yana nan zaune har ya shiga bakin mai sha. Ko a kan wuta ma ba ta gudu da sauri kamar yadda ake zato, domin binciken da ma'aikatar noma ta Amurka ta dogara da shi ya nuna abincin da aka dafa da giya na minti 15 yana riƙe da kusan kashi 40 cikin 100 na barasar da aka zuba. To balle wanda bai ga wuta ba.

Hukuncin giya a wurin Musulmi sananne ne, ba sai mun tsaya yin wa'azi ba, don ba fagenmu ba ne. Mun kuma san muna zaune da Kabiye da Moba da Ewe da sauran maƙwabta waɗanda wasunsu ba su ɗauki shan giya a bakin komai ba, kuma ba mu da ta cewa a kan abin da babba ya zaɓa wa cikinsa a otal ɗin Lome. Amma wa ke sayen ƙanƙarar leda ta dala biyar da dala goma? Yara ne, da mata masu ciki, da masu azumi a bakin magariba. Babu uban da zai yarda a ba ɗansa giya a ɓoye, ko masallaci yake zuwa ko coci. Mai sayar da abin ci amana ce a hannunsa, kuma a ƙananan kasuwanni irin namu, ranar da aka ce ƙanƙarar gidan wance akwai giya a ciki, to ta rufe sana'a ke nan, ko da rantsuwa ta yi ta ce ba da saninta ba ne.

Akwai kuma waɗanda da jin wannan labari za su ce a bar abin Turawa gaba ɗaya, me ya kai mu. Mu dai ba mu tare da su. Dabarar da ke cikin semifreddo dabara ce ta talaka. Askirim na kamfani yana buƙatar inji mai juya madara tana daskarewa, shi kuwa wannan maburgi da kwano da firiza sun wadatar, domin iskar da aka buga a cikin kirim ita ce ke sa shi laushi. Kasuwarsa kuma ba sai an tambaya ba. Duk wanda ya taɓa zama a Dapaong a watan Maris ko Afrilu, lokacin da zafi ke taɓa digiri 40, ya san abin da mutum zai iya biya don abu mai sanyi, ga shi azumin 2024 da na 2025 duk a cikin wannan zafi suka faɗo. Kamfanin Fan Milk da wani ɗan ƙasar Denmark mai suna Erik Emborg ya kafa a Ghana a 1960 da yara masu keke da akwati da ƙaho ya mamaye garuruwanmu, har kamfanin Danone na Faransa ya ga riba a ciki ya sayi hannun jari a 2013, ya mallake shi baki ɗaya a 2019. Idan Bature ya tsallako teku don wannan kasuwa, ba mu ga dalilin da zai sa matan zango su tsaya a kan zoɓo kaɗai ba.

Abin da ya rage shi ne me za a sa a gurbin kwalbar. A nan ne muke ganin Allah ya yi mana gata, mu ne ba mu duba ba. Faransawa da kansu suna kiran aya "amande de terre", wato almon na ƙasa. Mutanen Valencia a ƙasar Sifen suna yin wani abin sha da ita da suke alfahari da shi, kuma da yake tasu ba ta isar su, daga Nijar da Burkina Faso da Mali suke ƙarowa. Ayar da muke aunawa a tiya a Cinkasse ita ce ake lodawa a jirgin ruwa. Kunun aya da dabino da kwakwa kuwa iyayenmu mata sun daɗe da sanin haɗinsa, ba su jira wani ya koya musu a waya ba. Ga kuma kashu. Yankin Tchamba, inda Kambole take, yana cikin wuraren da suka fi noma shi a Togo, amma mafi yawansa ɗanye yake fita zuwa Indiya da Biyetnam, mu kuma mu tsaya muna neman almon da aka ɗauko daga wata nahiya a farashin da ba ya biyuwa. Soyayyen kashu da aka ɗan daddaka, a barbaɗa a kan askirim, ba wanda zai ce ya rasa wani abu. Ita kwakwa dama daga gaɓar teku take hawowa, wajen Lome da Aneho, kusan kilomita 340 zuwa Sokode, sama da 600 zuwa Dapaong, kuma ba ta lalacewa a hanya muddin ba a fasa ta ba.

Laushin da barasa ke bayarwa ma akwai mai yin sa. Sukari da zuma suna hana ruwa saurin daskarewa. Shi ya sa hanyar da ta fi sauƙi ita ce a ɗauki rabin lita na kirim mai sanyi a buga shi ya tashi, a zuba gwangwani ɗaya na madara mai zaƙi, mai giram 397 ɗin nan da masu shayi ke amfani da ita, a ƙara ruwan aya mai kauri kamar rabin kofi, a goga kwakwa a soya ta sama-sama ba mai har ta yi ja-ja, a haɗe a sa a firiza. Kirim ɗin kwali da ake kawowa daga Turai yana da tsada, wannan gaskiya ne, kuma shi ne zai yanke ko sana'ar za ta yi riba. Wadda ke da hanya da rugar Fulani tana iya kwashe man saman madara da kanta, amma da sharaɗin a dafa madarar tukuna.

Mun zaɓi haɗin da babu ƙwai ne da gangan. A ganinmu, bayan giya, ɗanyen ƙwai shi ne haɗari na biyu, kuma shi ba a rubuta shi a jikin kwalba. Akwai ƙwayar cuta mai suna salmonela da ke zama a cikin ƙwai, tana kawo zawo da amai da zazzaɓi, kuma sanyi ba ya kashe ta, barci kawai take yi. A 1994 a Amurka, askirim ɗin wani kamfani a jihar Minnesota ya kwantar da mutanen da aka ƙiyasta sun kai 224,000, kuma da aka bi diddigi sai aka gano motocin tanka da suka ɗauko kayan haɗin sun riga sun yi dakon ɗanyen ƙwai. Can ke nan inda wuta ba ta ɗaukewa. Mu nan kowa ya tuna yadda aka sha fama da ɗauke wuta a Togo a 2024. Ƙanƙarar zoɓo idan ta narke ta sake daskarewa, asarar kaɗan ce. Madara da ƙwai kuwa idan suka narke suka ɗau zafi na wasu awoyi, aka sake daskarar da su, to guba aka ɗaura a leda, ko da ɗanɗanon bai canja ba. Wadda ta dage sai ta sa ƙwai, to ta buga gwaiduwar da sukari a kwano a kan tukunyar ruwan zafi har ya yi kauri ya kai wajen digiri 71. Wadda kuma ba ta da sola ko janareta, gara ta yi ɗan kaɗan wanda zai ƙare a yini. Mun san zubar da kwano guda na madara yana da ciwo, amma bai kai ciwon a ce yaran unguwa goma suna kwance a asibiti ba.

Sauran magana tana kan mu masu ɗauko kaya. Kayan da ke shigo mana ta Lome da Kwatano da Wagadugu da Faransanci suke zuwa, na Ghana da Nijeriya da Ingilishi, da yawanmu kuma ajami da lissafi muka iya. Ba abin kunya ba ne a kira ɗan makaranta ya karanta kafin a biya kuɗi. Kalmomin da za a nema kaɗan ne: "alcool" ko "alcohol", "liqueur", "rhum", da lambar da "% vol" ke biye da ita. Askirim ɗin roba da aka rubuta wa "rhum-raisin" shi ma a duba bayansa. A kuma lura akwai "amaretti", mai wasalin i a ƙarshe, wanda biskit ne na almon da sukari da farin ƙwai, ba giya ba, harafi ɗaya ne tsakaninsu. Hatta ƙananan kwalaben ƙamshi na kek ba duka ne suka kuɓuta ba, domin a dokar Amurka ruwan banila na asali sai ya kasance da barasa aƙalla kashi 35 cikin 100. Malamai suna da bayani a kan irin wannan ɗigo da ake sa wa abinci, kuma ba bakinsu ɗaya ba, sai kowa ya tambayi nasa. Wanda ke son fita daga shakka, akwai banila ta gari a ƙunshin takarda, ta fi arha ma.

Shi dai Alhaji ya mayar da kwalbar Lome a tafiyarsa ta gaba, aka ce masa kayan da ya fita ba ya dawowa, ya bar musu ita a kan kanta ya yi tafiyarsa, ya biya Hajiya kuɗinta daga aljihunsa. Ita kuma ta gwada haɗin aya da kwakwa da kashu, ta aiko mana da shi gidan rediyo a cikin kula. Na farko ya yi tauri don ruwan ayar ya yi yawa, na biyu da ta rage shi ta ƙara zuma cokali biyu, kafin mu gama karanta sanarwar rasuwa da ta ɗaurin aure abokan aiki sun sauke kwanon.