Kayan Aro Ba Ya Rufe Katara

Duk wanda ya tsaya a Taminus ko a bakin titin Bauci ya kasa kunne ga hirar samarinmu, zai ji Hausa da Turanci suna tafiya kafaɗa da kafaɗa. Wasu daga cikin malamanmu sukan ce maganin abin shi ne a kori kowace kalmar Turanci daga bakin Bahaushe. Mu ba mu tare da su a nan, domin aron kalma tsohuwar al'ada ce, kuma garin Jos shi ne babban shaida.

Tun farkon ƙarni na 20 da Turawa suka buɗe haƙar kuza a wannan tsauni, musamman bayan da jirgin ƙasa daga Zariya ya iso Bukuru a 1914, kakanninmu suka yi ta kwararowa neman abin kai wa bakin salati. Sun tarar da abubuwan da ba su taɓa gani ba, sai suka ari sunayensu suka tanƙwara su. Daga nan muka sami lebura da heluma, da birkila da kafinta, da kwangila da tasha. Kalmar da Bature ke nufin baƙin man da ake shafa wa hanya, suka mai da ita kwalta, har ta zama sunan hanyar kanta. Kwabo da sisi da sule duk Turanci ne, kuma ko da naira ta zo a 1973, har gobe matalauci yakan ce ba shi da ko sisi. Dubi kuma bariki, wadda asalinta mazaunin soja ne, ga ta nan a sunan Barikin Ladi. Da suka ga irin zaman da ake yi a can, sai suka ɗora wa kalmar hukunci, har ɗan bariki ya zama wanda idonsa ya buɗe ya yar da kunya. Wato sun ari kalma, sun san abin da take ɗauke da shi, sun kuma sa ta faɗi gaskiya.

To, ina namu aron ya dosa? Abin da ya dame mu shi ne, yawancin kalmomin yayi da ɗalibai ke tauna a yau ba sunayen sababbin abubuwa ba ne. Tsofaffin laifuffuka ne waɗanda Hausa ta daɗe da raɗa wa suna, aka yafa musu mayafin Turanci don kada a ji warinsu. A Ingila "expo" baje-koli ne. A nan ƙasar, tun fallasar takardun jarrabawar WAEC ta 1977, kalmar ta koma nufin satar amsa. Ɗalibin da zai yi dambe in an kira shi ɓarawo, shi ne zai ce ya sami "expo" yana dariya. Haka "sorting", wadda a wurin masu harshen take nufin ware abubuwa kashi-kashi, a manyan makarantun ƙasar nan ta zama sayen maki da kuɗi. Sunan wannan a Hausa cin hanci, kuma mai bayarwa da mai karɓa duk sun san haka, shi ya sa suke guje wa sunan. Kazalika "settle", wato sasantawa, ta zama toshiyar baki.

Wata kalmar ma ta fi waɗannan ban takaici. Matashin da ke damfarar mutane ta intanet ana ce masa ɗan yahu, har ana yi masa kirari a gidan biki. Sunan kamfanin Yahoo ne aka ara, amma mai nazarin adabi ya san kalmar ta girmi kamfanin nesa ba kusa ba. Jonathan Swift ne ya ƙago ta a littafinsa na tafiye-tafiyen Gulliver a 1726, ya laƙaba ta ga wasu ƙazaman halittu masu siffar mutane da halin dabbobi. Ashe mai tinƙaho da sunan zagin kansa yake yi bai sani ba.

Haka nan "niga", wadda samarinmu suka tsinto daga waƙoƙin Amurka, har suka yi mata jam'i suna cewa nigogi, suna nufin 'yan gayu. Da wannan kalma ce masu bayi suka riƙa wulaƙanta baƙar fata a gonakin auduga kafin a haramta bauta a can a 1865, da ita kuma aka ci gaba da zaginsu shekaru da dama bayan haka. In baƙaƙen Amurka sun juya ta a tsakaninsu, su suka sha ɗacinta, su suka san abin da suke yi. Mu kuwa haɗiya muka yi ba tauna.

Wani zai ce ai harshe rayayye ne, matasa a ko'ina suna da zaurancensu. Gaskiya ne, kuma ba mu da rigima da mai cewa gaye ko gosulo. Rigimarmu da kalmar da ke wanke laifi ce, domin ranar da sata ta sami suna mai daɗin faɗi, ranar kunyar yin ta ke fita daga zuciya.

Saboda haka nauyin yana wuyanmu, malamai da ɗalibai. Bargery ya tattara Hausar zamaninsa a ƙamusunsa na 1934, Jami'ar Bayero ta fitar da nata a 2006. Me zai hana ɗalibanmu masu neman abin rubuta kundin kammala digiri su shiga Gangare da Dilimi da Unguwar Rogo, su tattaro waɗannan kalmomi, su rubuta asalin kowace, da ma'anarta a wurin masu ita, da abin da ta koma a bakinmu? A aji kuwa, duk ɗalibin da ya ce "expo" a gabanmu, mu sa shi ya maimaita maganar da Hausa, mu ga ko bakinsa zai iya.

Allah ya sa mu gane, ya ba mu ikon gyarawa, amin.