Sanarwar Bayan Taron Marubuta Kan Sana'ar Mayar da Sauti Haske

Ƙungiyarmu ta marubuta labaran ƙirƙira ta zauna ranar Asabar da ta gabata domin daidaita ƙa'idojin duniyar da muka ƙaga tare, wadda kowane mamba zai rubuta gajeren labari a cikinta. A waccan duniya dare ya fi yini tsawo nesa ba kusa ba. Babu man fitila, babu lantarki, hasken gari kacokan a hannun makaɗa yake, su ke mayar da amon ganga da na busa ya zama haske. Labaran farko da aka miƙo sun saɓa wa juna, kowa ya yi wa sana'ar dokar da ya ga dama, dalilin kiran taron ke nan.

An fara da sauraron wani malamin kimiyya da muka gayyato. Ya bayyana cewa abin yana da tushe a zahiri. A 1934, a Jami'ar Kolon ta Jamus, Frenzel da Schultes suka tura sauti mai tsananin ƙarfi cikin ruwa, sai suka tarar ƙananan kumfa sun bar ɗige-ɗigen haske a kan farantin hoto. A 1989 Felipe Gaitan da Lawrence Crum a Amurka suka iya tsayar da ƙwayar kumfa guda a tsakiyar ruwa da sauti, tana kumbura tana ƙanƙancewa, duk lokacin da ta ruguje sai ta yi walƙiya. Cikinta kan yi zafin digiri dubbai, amma walƙiyar ba ta kai kashi 1 cikin biliyan na daƙiƙa ba. Akwai ma wani jatan lande da ke harba kumfa da ƙugiyarsa, wanda masana a Holan suka gano a 2001 cewa kumfar tasa na fitar da haske, sai dai ido ba ya iya ganinsa. Abin da malamin ya jaddada shi ne ƙarfin da ke cikin sauti ƙanƙani ne ƙwarai. Ana zuba amo mai yawa a samu haske ɗan mitsitsi.

A kan wannan ne taron ya yanke shawararsa mafi muhimmanci, bayan doguwar muhawara: sautin da ya zama haske ya ƙare, kunne ba zai ƙara jin sa ba. Makaɗin da ke haskaka kasuwa zai kwana yana dukan fata, gumi na zuba, amma babu mai jin kiɗansa, har shi kansa. Gari mai haske gari ne mai shiru, wanda kuma ya so ya ji kiɗa a bikin 'yarsa sai ya yarda a yi bikin cikin duhu. Wasu mambobi sun ce wannan doka ta ɗaure musu hannu. Taron ya amsa cewa da gangan aka yi, domin a labaran da aka miƙo duk inda jarumi ya shiga uku sai ya buga ganga, haske ya makantar da abokan gaba, a wuce wurin.

An kawo misalin Dazzler, mawaƙiyar da kamfanin Marvel ya fito da ita a 1980, wadda jikinta ke mayar da ƙara haske. Taron ya ƙi wannan hanya, saboda ita da baiwarta aka haife ta. A duniyarmu sana'a ce kamar ƙira ko jima, yaro ke koyonta a gaban ubangida shekara da shekaru, ba tsafi a cikinta ba iskoki. An kuma ambaci Scriabin na Rasha, wanda a 1910 ya tsara kiɗan da fitilu masu launi ke bi, amma an wuce da sauri tunda nasa hasken daga fitila yake zuwa.

Game da launi, an amince sauti mai kauri ya ba da ja, siriri ya ba da shuɗi. Saboda haka kalangu, da ake matse tsirkiyarsa a hammata ya sauya murya, shi ne zai riƙa sauya launi, tambari kuwa ja kaɗai ya iya. Kakaki na sarki ne a can kamar yadda yake a nan, kuma taron ya ƙarfafa wa marubuta gwiwa su bi diddigin abin da hakan zai haifar: makaɗi da aka saba ajiyewa a bakin zaure yana roƙo, yau shi ke riƙe da fitilar fada. Wa zai rusuna wa wa? An lura babu labari ko ɗaya da ya taɓo wannan tukuna.

An shawarci sababbin mambobi su nemi Tauraruwa Mai Wutsiya na Umaru Dembo su karanta, su ga yadda aka taɓa yin labarin sararin samaniya da Hausa ba tare da an aro harshen wasu ba.

Batun muryar ɗan Adam bai warwaru ba. Ɓangare guda na son mawaƙi ma ya iya haskakawa, ko da zai rasa muryarsa a hankali, ɗaya ɓangaren ya ce a bar sana'ar ga fata da ƙaho da tsirkiya. An ɗage shi zuwa zama na gaba. Kafin nan, kowa ya gyara labarinsa bisa waɗannan ƙa'idoji ya miƙa wa sakatare, kuma kada kowa ya sa waƙa ta kunna ko da aci-balbal.

Sakatare,
a madadin mahalarta taro